Shagon turi na wajen Ƙofar Ƙaura da Baturiyar da na yi ta nema

Ni a fim idona yana kan matar da ke gefe, wadda za ta fito na minti uku ta bar ka da maganarta har kwana uku. Tun zamanin marigayiya Daso haka nake. Shi ya sa da ƙanwata ta nuna min wata gajeriyar Baturiya cikin kaya ruwan hoda a Harry Potter na 2007, tana murmushi tana gasa wa yara aya a hannu, na ce sai na san ko wace ce. Imelda Staunton sunanta, haifaffiyar Landan a 1956.

Shagunan turi uku na zaga a Katsina, kowa sai ya ce, "Hajiya, sunan fim za ki faɗa." A na huɗu, wani ɗan ƙaramin shago wajen Ƙofar Ƙaura, benci ɗaya da fanka da kwamfuta, yaron shagon ya ce in rubuta masa sunan matar a takarda. Ya ce, "Ki ba ni zuwa jibi, Hajiya, zan tattaro miki." Kuma ya cika alkawari. Ya zuba min finafinanta a memori, kowanne da shekararsa a gaban suna, abin da ban taɓa ganin mai turi ya yi ba.

Da Vera Drake na 2004 na fara. Ta fito a 'yar aikatau a Landan ta 1950, mai yawan dafa wa maƙwabta shayi, wadda take zubar wa mata ciki a ɓoye. Labarin yana da nauyi, ba na kallo da yara ba ne. Akwai wurin da 'yan sanda suka shigo ana tsakiyar murnar baikon 'yarta. Ba ta yi kururuwa ba. Fuskar ce kawai ta yi ta mutuwa a hankali, har na ajiye cokalina. A kan wannan rawar ta ci kyautar finafinai ta Birtaniya, BAFTA, da ta bikin finafinai na birnin Benis a Italiya. Daga nan na koma The Crown na 2022 da 2023, inda ta zama Sarauniya Elizabeth a shekarun tsufa. Wallahi sai da na yi ta kallon idanun kafin na yarda mutum ɗaya ce.

Aibin shagon biyu ne. Kashi ɗaya na The Crown ya zo ba murya, kuma babu inuwa a ƙofa, in ka je bayan Azahar ka sha rana. Da na mayar, ya sake tura min bai karɓi ko sisi ba, har da ba ni haƙuri.

Na bar masa sunan wata Baturiyar 'yar fim a takarda, Maggie Smith. Ya ce ran Asabar.