Shagon turin fim na Agege, da foldar Kobayashi

Masu tambaya ina ake samun finafinan Japan ɗin nan na masu sulke da dodanni a Legas, akwai wani ɗan shagon turi a Agege ta wajen unguwar Hausawa, kwamfuta ɗaya ce sai benci sai fanka mai kuka, amma kayan da ke ciki wallahi ba wasa ba. Yaron da ke wurin ba da sunan jarumi yake jera su ba, da sunan marubuci yake yi, kuma shi ya sa nake komawa. In ka ce masa Power Rangers kake so sai ya yi dariya ya ce yallaɓai ai wannan na Amurka kwafi ne, bari in ba ka na asali.

Foldar Yasuko Kobayashi ya tura min. Mace ce, ta fara rubuta wa kamfanin fim na Japan, Toei, a 1993 da shirin Janperson, daga nan ta zama babbar marubuciyar Gingaman a 1998, Timeranger a 2000, Kamen Rider Ryuki a 2002, Den-O a 2007, Shinkenger a 2009, har ToQger a 2014. Power Rangers Time Force da Samurai ɗin da muka sani daga Timeranger da Shinkenger aka ɗebo su. Masu kallon katun ɗin Attack on Titan ma, ita ta tsara rubutun zangunansa na farko.

To ni dai Shinkenger ne ya hana ni barci. Shiri ne na yara fa, na safiyar Lahadi, dole kowane sati a fito da dodo a yi faɗa a haɗa ƙaton mutum-mutumi saboda a sayar da kayan wasa, amma a cikin wannan ƙuncin matar nan ta shirya abinta, tun farko kana ganin Takeru shugaban jaruman baya sakin jiki da mutanensa, suna durƙusa masa yana kawar da kai, ka ɗauka girman kai ne na ɗan sarauta, sai can kusa da ƙarshe ka gane ashe ba shi ne magajin gidan ba, an ajiye shi ne kawai ya tare wa magajiyar ta gaskiya. Wanda bai gani ba ya yi haƙuri. Ryuki kuma mutum 13 ne aka sa su kashe juna, babu wani tsayayyen na kirki, ban ba ƙananan yarana shi ba tukuna.

Matsalar shagon, sabtaitil na Turanci ne ƙanana ƙanana, a waya sai ka yi ta matse ido, kuma babu fassarar Hausa irin ta finafinan Indiya, maiɗakina ta kalli kashi biyu ta ce ita ba za ta iya karatu da kallo lokaci guda ba. Den-O ɗinsa ma a hargitse yake, wasu kashin sun ɓata, wasu hoton ya dushe. In an ɗauke wuta kuma sai ka zauna jiran ya tada janareto.

Kuɗinsa dai da sauƙi, bai kai abin da za ka ƙona a data ba. Ka je da memori mai girma, kuma kar ka bar bencin nan sai ka buɗe foldar ka ƙirga, Shinkenger kashi 49 ne, Ryuki 50.