Joan Benoit ko Deena Kastor: wa ta fi a gudun fanfalaki?

Idan agogo za a bi, Deena Kastor ce gaba. A Landan a 2006 ta cinye kilomita 42 cikin awa 2 da minti 19 da daƙiƙa 36, ga kuma tagullar da ta samo wa Amurka a gasar Olamfik ta 2004 a Atina.

Amma ni zuciyata tana wajen Joan Benoit. An yi mata tiyata a gwiwa saura kwana 17 gasar tantance 'yan wasan da za su wakilci Amurka a Olamfik ta 1984, ta tashi ta lashe. Sai ga 1984 a Los Anjalis, karon farko da aka bar mata suka yi wannan tsere a Olamfik. Tun da wuri ta fice daga ayari, babu wadda ta kamo ta, ta ɗauki zinare.