Jiragen dakon mai samfurin Tide na Birtaniya: ko kwalliya ta biya kuɗin sabulu?

A watan Fabrairun 2012 ma'aikatar tsaron Birtaniya ta bai wa kamfanin Daewoo na Koriya ta Kudu kwangilar ƙera jiragen ruwan dakon mai guda huɗu a kan fam miliyan 452. Kamfanin BMT na Birtaniya ne ya yi zanen, aka ƙera su a Okpo da ke Koriya ta Kudu, aka raɗa musu Tidespring, Tiderace, Tidesurge da Tideforce. Ba sojoji ke tuƙa su ba. Suna hannun hukumar Royal Fleet Auxiliary (RFA) ne, wadda ma'aikatanta fararen hula ne da ke yi wa rundunar sojin ruwan ƙasar hidimar kai mai da kaya a tsakiyar teku. Hukuncinmu a kansu shi ne: jirgin kansa ya yi, kuɗinsa ma ya yi, aibin da ake gani yawancinsa a wajen jirgin yake.

Dalilin sayen su ba boyayye ba ne. Tsofaffin tankokin RFA (jiragen dakon mai), samfurin Rover da Leaf, bango ɗaya gare su, wato ƙarfen da ke tare man shi ne ke tare ruwan teku. Da zarar jirgi ya goga dutse, mai ya malala. Bayan haɗarin jirgin dakon mai Exxon Valdez a 1989, da na Erika a 1999, da na Prestige a 2002, dokar ƙasa da ƙasa ta hana gurɓata teku, wato MARPOL, ta kori irin waɗannan tankoki daga harkar kasuwanci. Dokar ba ta hau kan jiragen gwamnati masu yi wa soja aiki ba, amma ƙasar da ke ɗora wa 'yan kasuwa doka ba ta jin daɗin shiga tashar wasu da jirgin da ya saɓa mata. Tide bango biyu gare shi, kuma ratar da ke tsakaninsu ita ce mazaunin ruwan daidaita nauyi, wanda ba ya haɗuwa da mai ko kaɗan. Wannan tsari yana cin wuri, shi ya sa jirgin ya yi girma fiye da abin da yake ɗauka: tsawonsa mita 200.9, faɗinsa mita 28.6, yana nutsewa wajen mita 10 in ya cika, nauyinsa kuma ya kusa tan 39,000. Cikinsa lita miliyan 19 ne na mai, da ruwan sha fiye da lita miliyan ɗaya.

Man iri biyu ne. Akwai dizal ɗin jiragen ruwa da ƙungiyar NATO ke kira F-76, akwai na jiragen sama da ake kira F-44. Duk biyun ba sa fitar da tururin da zai kama wuta sai zafinsu ya kai digiri 60, abin da ya sa aka yarda a ajiye su a cikin jirgin yaƙi ke nan. Kowanne da tankinsa da famfonsa da bututunsa. Babban abokin gaban man jirgin sama ruwa ne: yana taruwa a gindin tanki daga raɓar da ke sauka a jikin ƙarfe, ƙwayoyin cuta su hayayyafa a inda mai da ruwa suka haɗu, su zama yauƙi mai toshe matata. Don haka ake tsiyaye gindin tanki a kai a kai, a bi da man ta matatar da ke raba shi da ruwa, a ɗebi samfur a duba kafin a tura wa kowa. Tankar da ta yi sakaci da wannan za ta iya zaunar da jiragen saman runduna guda ba tare da an harba ko harsashi ɗaya ba.

Inda za a auna irin wannan jirgi da gaske shi ne lokacin ba da mai ana cikin tafiya. Tide yana da wurare uku na ba da mai ta gefe, da kuma mesa ta baya. Tankar ce ke riƙe hanya da gudu ba canji, yawanci wajen kilomita 22 a awa, mai karɓa ya taso daga baya ya jera da ita, tsakaninsu mita 30 zuwa 50. Sai a harba siririyar igiya da bindiga, ita ta jawo mai kauri, mai kaurin ta jawo wayar ƙarfe. A ɗaure wayar a jikin mai karɓa, injin da ke kan tanka ya riƙa ja yana saki don ta zauna a miƙe ko da jiragen biyu suna tangaɗi. A kan wannan waya mesa mai faɗin inci 7 ke zamewa, bakinta ya shige mazauninsa a ɗaya jirgin ya kulle, sannan a kunna famfo. Akwai wata igiyar dabam mai alamomi a jere, wadda matuƙin jirgin da ke karɓa yake kallo don sanin ko ratar tana ƙaruwa ko tana raguwa. Muddin mai na gudana, jar tutar gargaɗi da ake kira Bravo tana sama.

Haɗarin yana cikin ruwan da ke tsakanin jiragen. Ruwan da ya matse tsakanin manyan jirage biyu gudunsa ƙaruwa yake, ƙarfin turinsa ya ragu, sai tsakiyar jiragen ta riƙa jan juna alhali goshinsu yana ture juna. Lokacin shigowa da lokacin fita su suka fi muni, domin a nan ne goshin wani ke ratsa ruwan bayan wani. In injin ɗaya ya mutu ko sitiyari ya ƙi, sai a yi rabuwar gaggawa: a kashe famfo, a zare mesa, a saki waya, duk cikin ɗan ƙanƙanin lokaci. Wayar da ta tsinke a miƙe kuwa tana iya yanka mutum. A nan zanen Tide ya burge. Farfela biyu gare shi, kuma ana iya juya su ta hanya biyu, ko dai da manyan injinan dizal kai tsaye, ko da injinan lantarki da janaretoci ke ciyarwa. Ana amfani da lantarki a tafiyar a hankali, inda babban injin dizal ke shan mai a banza yana tara dauɗa, a koma dizal in ana son gudu, har wajen kilomita 37 a awa. Amfanin da ya fi tsimin mai shi ne in abu ɗaya ya lalace ana jere da jirgi mai tan 65,000, akwai na biyu. Mesar baya kuma, ko da yake tana da jinkiri, ita ke fitar da mutane kunya ranar da teku ya yi fushi har jerawa ta gagara.

Wancan jirgi mai tan 65,000 shi ne ainihin wanda aka yi Tide dominsa. HMS Queen Elizabeth da HMS Prince of Wales, masu ɗaukar jiragen yaƙi samfurin F-35B, ba da nukiliya suke tafiya ba. Suna shan dizal, jiragen da ke kansu suna shan nasu man, masu rakiyarsu ma haka. Tideforce ya raka Queen Elizabeth gaɓar Amurka a 2019, Tidespring kuma ya bi ta har yankin tekun Fasifik a 2021, tafiyar da ta ɗauki wajen wata bakwai. Ya sake yin irinta da Prince of Wales a 2025. Tankar da ta yi wannan zirga-zirga sau biyu ba ta buƙatar wani ya yi mata shaida. Sunan ma gado ne, domin wani Tidespring na farko yana cikin jiragen da suka ƙwato tsibirin South Georgia a yaƙin Falklands na 1982.

Filin saukar da ke bayansa yana ɗaukar helikwafta mai girman Chinook, rumfarsa kuma tana ɗaukar Merlin guda. Ma'aikata 63 ke tafiyar da shi, da gadaje 46 na ƙarin mutane.

Sai aibobi. Na farko jinkiri. An sa ran Tidespring a 2016, bai fara aiki ba sai Nuwamban 2017. Abin da ya riƙe shi a Koriya zanen wayoyin lantarki ne da kuma yadda ake toshe ramukan da wayoyi ke ratsa bango, wanda sai da aka gyara don ya dace da sababbin ƙa'idoji. Ba ƙaramin abu ba ne, domin ramin waya da ba a toshe da kyau ba hanya ce ta wuta da ruwa daga ɗaki zuwa ɗaki. Bayan haka kowane jirgi sai da ya tsaya a Falmouth da ke Birtaniya aka ɗora masa kayan sadarwar soja da na kariya, kuma wannan kuɗi ba ya cikin miliyan 452 ɗin nan. Tiderace ya shiga aiki a 2018, sauran biyun a 2019. An yi ta surutu a Birtaniya kan kai aikin waje, sai dai babu kamfanin gida ko ɗaya da ya kai tayinsa zagayen ƙarshe. Norway ta sayi ƙanen wannan zane, Maud, daga wannan kamfani, kuma a ƙarshen 2019 aka hana shi fita teku na wani lokaci saboda kurakuran da masu bincike suka gano a kayan aikinsa.

Na biyu, tanka ce zalla. Busasshen kayan da take ɗauka bai wuce 'yan kwantenoni ba, ba ta da rumbun bama-bamai ko na abinci mai yawa. Wannan aikin Fort Victoria ne, tsohon jirgin da ya fara aiki a 1994, kuma sai a 2023 aka sa hannu kan kwangilar magadansa guda uku. Makamanta ma na kare kai ne kawai, bindigogi masu milimita 30 da gurbin bindigogin kakkaɓo makamai masu linzami samfurin Phalanx guda biyu, waɗanda ba kullum ake ɗora su ba. Jirgi mai ɗauke da lita miliyan 19 na mai ba ya shiga ruwan da ake harba makamai masu linzami sai da rakiya.

Na ukun ya fi ciwo, kuma ba laifin mai zane ba ne. RFA tana fama da ƙarancin ma'aikata, saboda albashinta ya kasa gogayya da na jiragen kasuwanci, har ta kai ga jami'anta sun shiga yajin aiki a 2024. Tiderace ya daɗe a ɗaure a Birkenhead da ke Birtaniya, ba don ya lalace ba, sai don babu masu tuƙa shi. A Nuwamban 2024 gwamnati ta sanar da sallamar tankoki biyu samfurin Wave, wanda ke nufin kusan duk dakon man rundunar ya koma kan jirage huɗun nan. In ɗaya yana wurin gyara, ɗaya ba ma'aikata, biyu ne suka rage su raba kansu tsakanin rakiyar mai ɗaukar jiragen yaƙi da sauran ayyukan rundunar a tekun Atlantika.