Shekara biyar ina biyan bashin gida: sharhina kan lamunin NHF

Ranar da na cika wata 60 ina biya, na je bankin da ya ba ni lamunin na ce a buga mini takardar asusuna. Tun a hanya na gama lissafina a ka. Shekara biyar cikin ashirin rubu'i ce, ke nan rubu'in bashin ya tafi. Naira miliyan 9 na karɓa, don haka ina sa ran ganin saura miliyan 6 da dubu 750. Da takardar ta fito sai na ga miliyan 7 da dubu 641. Na ce wa ma'aikaciyar ta sake dubawa, ko na wani ta buga mini. Ta kalli kwamfutarta ta ce, “Yallaɓai, naka ne, daidai yake.”

Na koma mota na zauna da wayata ina ninkawa. Naira 64,479 ake cire mini duk wata, sau 60 ya kama kusan miliyan 3 da dubu 869. A cikin wannan kuɗi, abin da ya taɓa uwar bashin bai wuce miliyan 1 da dubu 359 ba. Sauran miliyan biyu da rabi duk kuɗin ruwa ne. Babu wanda ya cuce ni, komai yana cikin takardun da na sa wa hannu. Ni ne dai ban karanta su da idon mai biya ba, da idon mai ɗokin karɓar makulli na karanta.

Ga wanda bai san tsarin ba, Asusun Gidaje na Ƙasa, wato NHF, dokar 1992 ce ta kafa shi, kuma Bankin Lamunin Gidaje na Tarayya, FMBN, ke riƙe da shi. Ma'aikacin gwamnati ana yankar masa kashi 2.5 cikin ɗari na albashinsa duk wata. Da yawanmu muna ganin wannan layin a takardar albashi shekara da shekaru ba mu taɓa tambayar ina yake zuwa ba. Wanda ya yi aƙalla wata shida yana zubawa yana da damar neman rance. FMBN ba ya miƙa wa mutum kuɗin hannu da hannu a irin wannan lamuni. Yana bai wa bankunan lamunin gidaje masu lasisi a kan kashi 4, su kuma su ba ka a kan kashi 6, a biya cikin wa'adin da bai wuce shekara 30 ba. Lokacin da na nema, iyakar abin da ake bayarwa miliyan 15 ne, kuma sharaɗin shi ne biyan wata kada ya haura kashi ɗaya bisa uku na abin da kake samu. Gidan da na zaɓa ɗaki biyu ne da falo a wani rukunin gidaje a bayan garin Kaduna, miliyan 10. Na ajiye miliyan 1 kafin alƙalami, aka ranta mini 9.

Kashi 6 ɗin nan shi ya fara ruɗa ni. A kasuwa idan aka ce maka ribar kashi 6, sau ɗaya kake fahimta. Har na taɓa ce wa uwargida, wai ashe duka-duka dubu 540 za a ɗora mana. A nan kuwa kashi 6 ne kowace shekara, a kan abin da ya rage a wuyanka. Raba shi gida 12, ya zama rabin kashi ɗaya duk wata. Watan farko bashin yana nan cif miliyan 9, ruwansa naira 45,000. Daga 64,479 da na biya, 19,479 kacal suka rage bashin. Wata na biyu ruwan ya ragu da abin da bai kai naira ɗari ba. Haka ake ta rarrafe. Sai cikin shekara ta tara ne abin da ke zuwa uwar kuɗi zai fara rinjayar abin da ke zuwa ruwa. Idan Allah ya kai mu ƙarshen wata 240, jimillar abin da zan biya miliyan 15 ne da dubu 475. Ruwan kaɗai ya doshi miliyan shida da rabi.

Tsawon wa'adi ma yana da nasa farashin, kuma shi ne abin da na fi ganin mutane na sakaci da shi. Kowa so yake a miƙe masa shekaru don cirewar wata ta yi sauƙi. Ni ma na roƙi 30, aka ce shekaruna ba su ba ni ba, domin ina da 38 a lokacin, bashin kuma dole ya ƙare kafin ritaya. Na fita ina jin haushi. Daga baya da na zauna na buga, sai na ga alheri aka yi mini. Da shekara 30 aka ba ni, biyan wata zai sauko kusan 53,960, sauƙin dubu goma da ɗoriya ke nan, amma jimilla za ta haura miliyan 19 da dubu 400. Da kuwa albashina ya iya ɗaukar shekara 15, zan riƙa biyan 75,947, in tashi a miliyan 13 da dubu 670. Gida ɗaya, ruwa ɗaya, amma tsakanin gajeren wa'adi da dogo akwai tazarar da ta kusa miliyan shida.

Wannan duk lissafin takarda ne, kuma a sannu yake cizo. Abin da ya kusa kayar da ni tun a bakin ƙofa shi ne kuɗin da babu su a tallar. Miliyan ɗayan kafin alƙalami na sani, na yi adashi na sayar da filin da na gada a ƙauye na haɗa. Ina miƙawa sai aka fara jero mini sauran. Kuɗin fom da na gudanarwa. Kuɗin mai ƙiyasta darajar gida. Kuɗin lauyan da zai binciki takardu a ma'aikatar filaye. Sannan babban, wato daidaita takardun jingina: tun Dokar Amfani da Ƙasa ta 1978, filin birni yana hannun gwamna ne a matsayin amana, ba ka jinginar da shi sai da amincewarsa, kuma neman wannan sa hannu yana tafiya da harajin kan sarki da kuɗin rajista. Ga inshora iri biyu, ta gobara da ta rai, wadda za ta biya saura idan mai bashi ya rasu. Ita inshorar ba sau ɗaya ba ce, tana dawowa kowace shekara. Da na tattara rasiɗan da ke cikin ambulan ɗina, abin da na kashe kafin in ga makulli, ban da kafin alƙalami, ya tasar wa dubu 900. Rabinsa bashi na ci a wurin wana da ƙungiyar adashin ofis, wato na shiga gidan da bashi biyu a kaina.

Sai jira. Na miƙa takardu a ƙarshen 2018, makulli bai zo hannuna ba sai Janairun 2020. Wata huɗu daga ciki laifina ne, sunana a takardar biyan haraji ya saɓa da na fom da harafi ɗaya, sai da na je kotu na yi rantsuwa. Sauran kuma bankin da na bi ta hannunsa ne da mai ginin, kowa yana nuna ɗan'uwansa. A duk tsawon lokacin ina zaune a haya, na sake biyan dubu 350 na shekara guda alhali miliyan ɗayana tana kwance a asusun wani. Wannan ma cikin kuɗin gidan nake lissafa shi.

Gidan kuwa, an ce an gama. Abin da ake nufi shi ne akwai rufi da ƙofofi da fenti. Katanga, ƙofar shiga da mota, tankin ruwa, kason haƙa rijiyar burtsatse da maƙwabta, mitar wuta, gyaran sokawe da ya cika a damina ta farko, duk daga aljihuna. Ga nisa: daga tsohon gidan hayata da ƙafa yara ke zuwa makaranta, a nan sai da mota. Bayan cire tallafin mai a Mayun 2023 na gane nisan nan ma kuɗin wata ne da ba a rubuta a yarjejeniya ba. Kuma kada a manta, kashi 2.5 na asusun ba ya tsayawa don ka karɓi rance, ana ci gaba da yankarsa. Shi dai ana mayar wa mutum da ɗan ƙari idan ya kai shekara 60 ko ya yi ritaya.

Wanda ya karanta zuwa nan zai ɗauka kuka nake. To, ga ɗaya gefen, kuma a ganina ya rinjayi wancan. Naira 64,479 ɗin nan ba ta motsa ba tun 2020. Komai ya motsa ban da ita. Buhun siminti da ake saya ƙasa da dubu uku lokacin da ake gina gidan ya haura dubu goma a wasu wurare a farkon 2024. Hukumar Ƙididdiga ta Ƙasa ta ce hauhawar farashi ta kai kashi 34.8 a Disambar 2024. Gidan hayar da na bari yanzu sama da ninki biyu ake karɓa, kuma mai shi yana da ikon ƙarawa baɗi. A shekarar farko cirewar tana cin kusan sulusin albashina, har sai da muka daina sayen nama sai ranar Juma'a. Yanzu da aka yi ƙarin albashi, nauyin ya sauko, ko da yake abin da ya rage ɗin ma kasuwa ke cinyewa. Bashin ana biyansa da naira ta yau, wadda ba ta kai rabin ƙarfin wadda aka ranta mini ba. Miliyan 15 da rabin da ta firgita ni a mota, idan aka auna ta da buhunan shinkafa ko siminti, ba za ta kai nauyin da lambar ke nunawa ba.

Don a ga bambancin, wani abokin aikina ya tambaya a bankin kasuwanci lokacin da Babban Bankin Najeriya ya kai ma'aunin ruwansa kashi 27.5 a ƙarshen 2024. Ɗauki ko da kashi 22 ne a kan miliyan 9 ɗin nan na shekara 20, in ma an yarda a ba ka wa'adi mai tsawo haka. Biyan wata zai haura dubu 167, jimilla kusan miliyan 40. A watan farko dubu 165 ruwa ne zalla. Ga ma'aikaci irina wannan ba abin tunkara ba ne.

Akwai farashi guda da kalkuleta ba ta bugawa. Ni Musulmi ne, kuma kashi 6 sunansa kuɗin ruwa komai ƙanƙantarsa. Kafin in sa hannu na je wurin malaminmu na unguwa na ce, “Allah gafarta Malam, ga halin da nake ciki, shekara goma sha ɗaya ina yawon haya da iyali.” Bai sassauta mini ba. Ya ce riba riba ce, maganar lalura kuma ni na fi kowa sanin ko ta kai ni ko ba ta kai ba, shi ba zai ɗaukar mini wannan ba. Na sa hannu, kuma har yau abin yana taso mini, musamman cikin azumi. Mai neman gida a yanzu yana da ƙofofin da zai fara ƙwanƙwasawa: bankunan da ba sa mu'amala da ruwa, irin su Jaiz da ya fara aiki a 2012 da TAJBank da ya zo a 2019, da kuma tsarin haya-har-ka-mallaka na shi kansa FMBN. Da yau ne, ta can zan fara. Amma ko a can ina ba da shawarar a yi tambayar da ban yi ba: duka-duka nawa zan biya daga yau har ranar da takardar gidan za ta dawo hannuna?

Hukuncina a kan lamunin shi ne, ga mai albashi tsayayye wanda bai wuce arba'in ba, kuma ya sasanta da zuciyarsa kan batun ruwa, ban san wani rancen gida mai araha kamarsa a ƙasar nan ba. Ga wanda kuɗinsa ke zuwa yau ya ɗauke gobe, ko wanda kafin alƙalamin kaɗai ya iya haɗawa ba shi da ko sisi a gefe, zai sha wuya tun kafin ya kwana a gidan. A nemi jadawalin biya na wata-wata tun ranar farko, a karanta layin wata 60 da na wata 120. A sa a rubuta duk kuɗaɗen gefe a takarda ɗaya mai hatimi. Masu asusun fansho kuma su tambaya game da damar da hukumar fansho ta ƙasa, PenCom, ta buɗe a 2022, ta ɗaukar har kashi 25 na abin da ke asusun don biyan kafin alƙalami. Ni ta zo bayan na riga na sayar da filina.

Watan jiya aka biya mu wasu kuɗaɗen ariya, dubu 500 suka shigo. Na buga na ga idan na zuba su a uwar bashin, wa'adin zai ragu da wata 18, in tsira da ruwan kusan dubu 670. Abokin aikina ya ce wauta ce a yi gaggawar biyan bashin kashi 6 a ƙasar da farashi ke gudu haka, gara in sayi buhunan masara in ajiye zuwa bazara. A lissafi yana da gaskiya. Na kawo maganar gida bayan sallar isha'i, uwargida ta saurara har na gama, sannan ta ce, “Baban Ummi, wata goma sha takwas na ruwa za a sauke mana, kana tambayata masara?” Ranar Litinin na kai kuɗin banki, na tsaya sai da aka rubuta a rasit cewa na uwar bashi ne, aka kuma buga mini sabon jadawali.