Makarantar koyon tuƙin da ta fara nuna mini tsakiyar titi kafin ta ba ni sitiyari

Na daɗe ina hawa babur a cikin birnin Kano kafin Allah ya hore mini mota, saboda haka lokacin da na je neman lasisin tuƙi aka ce sai na kawo shaidar kammala makarantar koyon tuƙi wadda Hukumar Kiyaye Haɗurra ta Ƙasa ta amince da ita, na ɗauki abin a matsayin ɓata lokaci. A ganina wanda ya yi shekaru yana kutsawa tsakanin adaidaita sahu da manyan motoci ba titi za a koya masa ba, iyakarta a nuna masa kuloci da giya. Da wannan tunanin na yi rajista a wata ƙaramar makaranta da ke kusa da Titin Zariya, kuma abin da na tarar a can shi ne dalilin wannan sharhi, domin mutane da yawa suna tambaya ko zuwa irin waɗannan makarantu yana da wani amfani bayan takardar da ake bayarwa a ƙarshe.

Wurin ba shi da wani ƙyale-ƙyale. Shago ne guda da benci biyu, da allo mai ɗauke da zanen alamomin hanya waɗanda rana ta fara cinye launinsu, sai motoci biyu a ƙofa, kowace da jar alamar L a gaba da baya. Magatakardan ya yi mini bayani cewa tsarin da hukumar ta shimfiɗa wa makarantun tuƙi ya tanadi darasi 26 kafin a ba ɗalibi shaida, daga nan jami'an duba lafiyar motoci su gwada shi, sa'an nan a ɗauki hotonsa da zanen yatsunsa don lasisi, wanda ba a bai wa wanda bai kai shekara 18 ba. Ya yi bayanin a tsanake kuma da Hausa, bai kuma ɓoye mini cewa kuɗin lasisi dabam yake da kuɗin makaranta ba, wanda hakan ya burge ni tun ranar farko.

Malamin da aka haɗa ni da shi dattijo ne da ya yi ƙuruciyarsa yana jan babbar mota tsakanin Kano da kudancin ƙasar nan. Ranar darasin farko na zo da shirin shiga mota, amma sai ya ce mu taka zuwa bakin titi. Muka tsaya a gefen kwalta, ya nuna shingen kankaren da ya raba hannun masu shiga gari da na masu fita, ya ce, "Malam, wancan abin da ke tsakiya, me ya sa gwamnati ta kashe kuɗi ta gina shi?" Na ce don a raba hannu biyu ne, Baba. Ya ce amsar ta yi daidai amma ba ta cika ba, kuma kusan rabin sa'a muka yi a tsaye yana cika ta.

Abin da ya fara bayyana mini shi ne cewa mafi munin haɗari a hanya shi ne taho-mu-gama, domin idan motoci biyu kowace tana gudun kilomita 100 a sa'a suka fuskanci juna, tazarar da ke tsakaninsu tana rufewa ne da gudun kilomita 200, kuma babu direban da idonsa da ƙafarsa za su iya cin ma wannan. An ƙirƙiro tagwayen hanyoyi da abin da ke raba su ne don a kawar da wannan haɗuwar gaba ɗaya. Bayan haka tsakiyar titi tana hana kowa juyawa inda ya ga dama, tana tara masu juyawa a wuri ɗaya da kowa ya san da shi. Tana bai wa mai tafiya a ƙasa wurin tsayawa, ya ƙetare hannu ɗaya, ya numfasa, ya duba, sa'an nan ya ƙetare na biyu. Inda aka dasa itatuwa ko aka ɗaga shingen, yana kuma tare hasken fitilun motocin da ke tahowa da dare, wanda duk wanda ya taɓa bin hanya mai hannu ɗaya bayan magariba ya san yadda yake kashe ido.

Daga nan ya rarrabe mini ire-irensu, kuma a nan ne na gane cewa shekarun da na yi a kan babur kallon titi kawai nake yi, ban taɓa karanta shi ba. Akwai inda fenti ne kaɗai ya raba hannu biyu, kuma fentin ma magana yake yi: layi mai tsinke-tsinke yana nufin an yarda ka ƙetare shi ka wuce na gabanka idan hanya ta ba da hali, layi miƙaƙƙe wanda bai tsinke ba yana nufin kada ka taka shi, kuma galibi a kwana ko hawa ko kusa da gada ake ja shi, inda ba ka ganin abin da ke tahowa. Akwai ɗan dakali mai fenti baƙi da fari ko baƙi da rawaya, irin na cikin gari, wanda ake kafa turakun fitilu a kansa. Akwai fili mai faɗi da ciyawa ko magudanar ruwa a tsakiya, irin na wajen gari. Sai kuma shingen kankare mai faɗin gindi da siririn kai. Ya ce ba don ado aka yi masa wannan siffar ba: idan mota ta goge shi a karkace, gangaren gindin ne yake ɗaga tayar kaɗan ya rage mata ƙarfi, sa'an nan jikin shingen ya mayar da motar cikin hannunta maimakon ta tsallaka ta faɗa wa masu tahowa. Daga baya na karanta cewa a jihar New Jersey ta Amurka aka inganta wannan siffa a shekarun 1950, har ake kiran shingen da sunan jihar. Dattijon bai ambaci wannan tarihi ba, amma yadda abin yake aiki ya faɗe shi daidai, domin ya gani da idonsa a hanya.

Darasin da na fi ɗauka da daraja shi ne na layin da ke manne da shingen. Nijeriya ta koma tuƙi a hannun dama ranar 2 ga Afrilu, 1972, shi ya sa sitiyari yake hagu, tsakiyar titi kuma take gefen direba. Layin hagu, wato na jikin shingen, na wuce mota ne da na masu shirin juyawa, ba wurin zama ba ne. Ka shiga, ka wuce na gabanka, ka ba da sigina ka koma dama. Duk wanda ya bi hanyar Kano zuwa Zariya ya ga yadda ake karya wannan ƙa'ida, ya ga tirela ɗauke da kaya ta lafe a layin hagu tana tafiyar hawainiya, ƙananan motoci kuma suna kurɗawa ta damanta, inda direban tirelar ba ya ganinsu sosai a madubi. Malamin, duk da cewa tsohon direban babbar mota ne, bai kare abokan sana'arsa ba. Ya ce dokar hanya ta ƙayyade wa ƙaramar mota kilomita 50 a sa'a a cikin gari, 80 a babbar hanya, 100 a tagwayen hanyoyi na ekspires, tirela da tanka kuwa 60 ne iyakarsu ko a ekspires ɗin, saboda haka ba su da abin yi a layin hagu in ba wucewa za su yi ba.

Sai da muka yi darasi biyar a fili ina koyon tashi da tsayawa da ribas kafin ya fito da ni titi, kuma da muka fito, mafi yawan lokacinmu a wuraren juyawa muka ƙarar da shi. Ya sa na maimaita abu ɗaya har ya zauna mini: duba madubi, kunna siginar hagu tun da nisa, shiga layin hagu a hankali, rage gudu, tsaya a bakin ɓular shingen ba tare da gindin motar ya tare layin da ka baro ba, jira har hannun da za ka shiga ya ba da sarari na gaske, domin masu tahowa a miƙe su ne da hanya. Wata rana a wajen Na'ibawa na ga ɗan sarari na yi niyyar cusa kai kamar yadda na saba a babur, sai ya taka burkin gefensa ya ce, "Malam, babur ne yake shiga wannan sararin, mota ba ta shiga." Bai ɗaga murya ba, amma ya sa na lissafa da kaina cewa motar da ke gudun kilomita 100 a sa'a tana cin kusan mita 28 a daƙiƙa ɗaya, kuma mai koyo yana buƙatar daƙiƙu da dama kafin ya juya ya daidaita. Tun daga ranar na daina auna sarari da idon mai babur.

Ya kuma yi magana mai tsawo a kan abin da ya kira cutar garinmu, wato bin wan-we. Mutum zai ga wurin juyawa yana da ɗan nisa, sai ya bi hannun da ba nasa ba, yana rakuɓe da shinge ko da gefen titi, yana kunna fitila da rana kamar hakan zai halatta masa. A wasu wurare ma ana fasa shingen da gangan ko a cike magudanar tsakiya da ƙasa don a sami gajeriyar hanya, sai ka ga babur ko adaidaita sahu ya ɓullo maka daga inda ba ka taɓa tsammani ba, a layin da motoci suka fi gudu. Wannan laifi ne a dokar hanya, jami'an hukumar ta ƙasa da na KAROTA, hukumar kula da zirga-zirgar ababen hawa ta jihar Kano, suna kamawa a kansa, amma dattijon ya fi damuwa da ran da ake sakawa a haɗari fiye da tarar. Ya gargaɗe ni a kan abu uku da suka shafi tsakiyar titi: kada in sauke fasinja a jikin shinge, kada in yi ribas a ekspires don na wuce mahaɗa, kuma idan mota ta lalace in yi iya ƙoƙarina in kai ta gefen dama in ajiye alamar gargaɗi mai kusurwa uku a bayanta da tazara. Ya ƙara da wani abu da ban taɓa ji daga kowa ba. Ya ce lokacin aikin hanya, kamar yadda aka sha yi a hanyar Abuja zuwa Kaduna zuwa Kano, idan aka rufe hannu ɗaya aka haɗa kowa a ɗayan, direba yakan manta cewa shingen da ya saba dogaro da shi ba ya nan, sai ya fita wuce mota kamar yana tagwayen hanyoyi, ya ci karo da mai tahowa.

Duk da wannan yabo, akwai abubuwan da ban ji daɗinsu ba, kuma wanda zai biya kuɗinsa ya cancanci ya san su. Motar da na koya da ita ta tsufa, kulocinta yana da tauri, madubin gefen dama kuma a ɗaure yake da roba, abin da bai dace da makarantar da ke koyar da duba madubi ba. Sau uku na zo a kan lokaci na tarar an fita da motar da wani ɗalibin, aka rage mini lokacina ba tare da an rama ba sai da na yi magana. Takardun alamomin hanya da aka raba mana da Turanci kaɗai suke, alhali yawancin waɗanda muka zauna benci ɗaya da su sun fi fahimtar Hausa, kuma ba don bayanin malamin ba da yawa da sun tafi da takardar ba su amfana da ita ba. Babu malama mace, wanda hakan zai hana wasu magidanta kawo iyalinsu. Abin da ya fi damuna shi ne wasu da muka yi rajista rana ɗaya ban sake ganinsu a darasi ba sai ranar karɓar shaida. Hukumar da aka kafa tun 1988 don rage haɗurra ta fito da tsarin darasi 26 ne don kada a saki wanda bai iya ba a titi, kuma makarantar da ke da malami irin wannan dattijo ba ta da uzurin barin kowa ya tsallake shi.

Wanda yake neman takarda kawai zai ga darasin tsayuwa a bakin titi a matsayin jinkiri. Wanda kuwa zai ɗauki 'ya'yansa zuwa makaranta kullum ta Titin Zariya ko Titin Maiduguri, ko zai riƙa zuwa Kaduna a ƙarshen mako, ina ba shi shawarar ya nemi irin wannan makaranta, kuma kafin ya biya ya tambayi abu uku: wane ne zai koyar da shi, ko za a fita da shi tagwayen hanyoyi na wajen gari, da kuma ko akwai darasin dare. A tsarin da na biya babu darasin dare, sai da na yi wani biyan dabam muka fita bayan sallar isha'i zuwa wajen Kura muka dawo. A wannan fitar ce na ga wani yanki na shingen da babu fenti ko abin da ke ƙyalli a jikinsa, ya saje da duhu har sai da muka matso kusa, malamin ya sa na rage gudu na koma layin dama, muka ci gaba a haka har muka shigo hasken fitilun gari.