Farautar alamu a tsibirin Legas: wace manhaja ta cancanci kuɗinka?

Sai da na shekara goma sha ɗaya a Agege kafin na taka ƙafata cikin gidan tarihi na Onikan, kuma na san ba ni kaɗai ba ne. Yawancinmu 'yan Arewa mazauna Ikko, daga ɗaki sai shago, daga shago sai masallaci, in Sallah ta matso mu hau mota mu nufi gida. Tsibirin kuwa ba mu san komai a cikinsa ba sai Idumota da Balogun, su ma sari ke kai mu, ido na kan kaya, hannu na kan aljihu.

Ɗan ƙanwata ne ya fito da ni, lokacin da ya zo mana hutun makaranta. Ya ce, "Kawu, akwai wasan da ake yi da waya, ta riƙa ba ka tambaya, ba za ka iya amsawa ba sai ka je wurin da ƙafarka." Ni na sa masa suna farautar alamu. Manhaja ce ke nuna maka wuri a taswira, in ka isa ta ce ƙirga kaza, ko karanta rubutun jikin bango, ko ɗauki hoton abu kaza. In ka ci, ta ba ka maki da ɗan labarin wurin, ta buɗe maka zango na gaba. Babu jagora, babu mai azalzalarka, lokacin da ka ga dama ka tsaya ka yi salla ko ka sha ruwa.

Kafin mu fita na zauna na auna hanyoyin da ake da su, domin kuɗin da za a kashe da wunin da za a bari ba wasa ba ne.

Na farko su ne shiryayyun wasanni da ake saya, irin waɗanda kamfanoni kamar Let's Roam da Questo ke sayarwa a biranen duniya. Amfaninsu a fili yake: an gama maka komai, naka biya da tafiya. Amma kafin ka danna wajen biya, ka tabbatar wace Legas ce. Akwai wani gari mai wannan suna a kudancin ƙasar Fotugal, masu yawon buɗe ido na cika shi, kuma sau da yawa shi ke fara fitowa in ka rubuta sunan. Ni kaina saura ƙiris na biya kuɗin wasan can a wata manhaja, sai da na lura hotunan duk fararen gidaje ne da duwatsun bakin teku, babu danfo ko ɗaya. Ka nemi sunayen tituna a cikin bayanin. In ka ga Broad Street, Marina, Tinubu, to tamu ce.

Bayan wannan, ka nemi sanin ko wanda ya shirya hanyar ya taɓa bin ta da ƙafa, kuma yaushe. A nan ne gizo ke saƙar. Legas gari ne da ba ya zama wuri ɗaya. Kusa da dandalin Tinubu akwai wani tsohon gini da ake kira Ilojo Bar, ginin salon Barazil wanda gwamnati ta sa cikin kayan tarihin ƙasa, amma a watan Satumba na 2016 aka wayi gari an rushe shi. Wasan da aka harhaɗa daga tsofaffin bayanan intanet yana iya tsayar da kai a rana tsaka yana cewa ƙirga tagogin ginin da babu shi. Saboda haka karanta ra'ayoyin waɗanda suka yi wasan, ka duba kwanan wata. In na ƙarshe ya shekara biyu, ko kuma babu ko ɗaya, ni dai ba zan sa kuɗina ba. Sannan farashin irin waɗannan galibi da kuɗin waje ne, ka tabbatar katin bankinka na biya, ka kuma duba ko kuɗin na kowane mutum ne ko na ƙungiya gaba ɗaya. Ga mai fita da iyali, bambancin ba ƙarami ba ne. Harshensu kuma Turanci ne, wani lokaci da kacici-kacicin da sai wanda ya tashi cikin Turawa zai gane.

Akwai kuma Geocaching, wanda aka fara tun shekarar 2000. Shi wani ne ke ɓoye ɗan akwati ko gwangwani da takarda a ciki, ya sa lambobin wurin a manhaja, kai kuma ka nemo, ka sa hannu, ka mayar. Ana farawa kyauta. Wasa ne mai daɗi a inda ake da lambuna da sarari, amma ban ba ɗan uwana shawarar ya yi shi a titunan tsibiri ba. Ka kwatanta baƙo da jamfa da hula yana leƙa bayan katangar banki, yana cusa hannu ƙarƙashin benci. Kafin ka gama bayani wani ya yi ihun "ole", wato ɓarawo da Yarbanci, kuma kowa ya san abin da wannan kalma ke jawowa a Legas. In har kana sha'awarsa, buɗe taswirar ka ga ko akwai ajiya kusa, ka duba ranar da aka samo ta ƙarshe, ka zaɓi wadda ke cikin wuri mai ƙofa da masu gadi.

Masu bayani ta murya, irin VoiceMap da izi.TRAVEL, ba farauta ba ne sosai, labari suke ba ka kana tafe. Su ma sai ka bincika abin da suke da shi na nan. Illarsu ɗaya: toshe kunne biyu a titin Nnamdi Azikiwe ganganci ne. In za ka yi, sa kunne ɗaya.

Hanyar da na fi yarda da ita, kuma ita muka bi, ita ce ka shirya naka. Manhajoji irin Actionbound da Goosechase don haka aka yi su. Kai za ka zaɓi wuraren, ka rubuta tambayoyin, ka sa maki. Actionbound ta fi dacewa da hanyar da ake bi zango zango, kuma ana iya sauke wasan a waya tun daga gida, abin da ke rage cin data da fargabar ɗaukewar sabis. Goosechase ta fi ƙarfi wajen gasar ƙungiyoyi, kowa na turo hoto ko bidiyo, maki na hawa ana gani, sai dai tana son intanet a kowane mataki. Ka duba sharuɗɗan kowace kafin ka fara, domin abin da aka yarje wa iyali kyauta daban yake da abin da ake cajin makaranta ko kamfani. Tsadar wannan hanya ba kuɗi ba ce, lokaci ne: dole mutum ɗaya ya sadaukar da wuni ya bi hanyar tukuna. Ribarta kuwa, da Hausa za ka rubuta, kuma tarihin da ya shafe mu za ka sa a gaba.

Ga yadda tamu ta kasance, tafiyar kilomita uku ko kusa da haka. Mun fara daga babban masallacin Legas, wanda aka buɗe ginin yanzu a 1988, tambayar farko mai sauƙi ce don yara su ji daɗi: hasumiya nawa gare shi? Daga nan muka ratsa zuwa titin Martins, masallacin Shitta-Bey. Mutum zai iya wuce shi sau ɗari bai ɗaga kai ba saboda rumfunan 'yan kasuwa sun kewaye shi. An buɗe shi a 1894, attajiri Muhammad Shitta ne ya gina da dukiyarsa, kuma Sarkin Musulmin Daular Usmaniyya ya turo wakili, Abdullah Quilliam na Ingila, da sarautar Bey. Na tsaya a gabansa ina kallon adon fuskar ginin, aikin maginan da suka dawo daga Barazil, ƙaramar 'yata ta ja mini riga ta ce, "Baba, wannan coci ne ko masallaci?" Ina cikin ba ta amsa ladan ya ɗaga murya daga ciki. Wannan kaɗai ya biya ni wahalar fitowa.

Sai dandalin Tinubu, wanda ke ɗauke da sunan Madam Efunroye Tinubu, hamshaƙiyar 'yar kasuwa ta ƙarni na 19. Sai Freedom Park a Broad Street, tsohon kurkukun Turawan mulki inda aka tsare irin su Herbert Macaulay da Obafemi Awolowo, aka mayar da shi wurin shaƙatawa a 2010. Ana biyan kuɗin shiga, amma akwai inuwa da wurin zama, nan ya kamata ka sa hutun tsakiya. Daga can sai dandalin Tafawa Balewa, tsohon filin sukuwa, inda aka sauke tutar Ingila aka ɗaga tamu a daren 1 ga Oktoba 1960, kuma Sa Abubakar ya yi jawabin 'yancin kai. A saman ƙofarsa akwai fararen dawakai da jajayen mikiyoyi, ƙirga su ya zama tambaya mai maki biyar. Zangon ƙarshe gidan tarihi na ƙasa da ke Onikan, wanda aka kafa a 1957. A can motar Janar Murtala Muhammad take, baƙar Marsandi da aka harbe shi a ciki ranar 13 ga Fabrairu 1976, ramukan harsashi na nan a jikinta. Ban sa tambaya a wannan wuri ba. Na rubuta musu a manhajar cewa in sun iso su yi masa addu'a.

Wani abu da ya kamata mu riƙa gaya wa yaranmu shi ne, ba jiya muka zo garin nan ba. A 1863 Gwamna John Glover ya kafa rundunar Hausawa masu ɗauke da makamai a Legas, kuma daga ita ake jan asalin sojan Najeriya. Babu shiryayyen wasan da na ke tsammanin zai tsaya ya faɗa maka wannan da harshenka, amma a naka kai ke da alƙalami.

In kuma duk wannan ya yi maka yawa, ko wayoyin gidan ƙanana ne, WhatsApp ya isa. Buɗe zaure, mutum ɗaya ya zauna a matsayin alƙali, ya riƙa turo tambaya da alamar wurin a taswira, wanda ya turo hoto daidai a ba shi ta gaba. Ba ta da ƙyalƙyali, maki ma da hannu ake ƙirgawa, amma ba wanda zai ce bai iya ba. Ga ɗaliban Islamiyya ko ƙungiyar matasan unguwa, da ita zan fara.

Ko wacce ka zaɓa, akwai abubuwan da garin kansa zai tilasta maka. Tsakanin dogayen benayen Marina da Broad Street alamar GPS na yawo, sai ta nuna kana tsallaken titi alhali kana bakin ƙofa. Manhajar da ba ta buɗe tambaya sai ta yarda ka iso tana iya tsare ka a nan, don haka nemi wadda ke da damar tsallake zango, in kuma kai ke shiryawa, ka sa amsa ta zama mabuɗi maimakon wuri. Taswirar Google da aka sauke tana nuna tituna ba tare da data ba, amma ba ta zana hanyar ƙafa sai da intanet. Allo a kunne da GPS suna shan caji kamar ruwa, fawa bank dole ne. Kada a yi tafiya da waya a tafin hannu cikin cunkoso. A raɓe jikin shago, a karanta, a mayar aljihu. Kuma kada ka sa tambayar da ke buƙatar ɗaukar hoton bariki, ofishin 'yan sanda ko ƙofar banki. Mutane ma a nemi izininsu kafin a ɗauka, mai sayar da kaya ba kayan kallo ba ce.

Rana ita ce rabin nasara. Lahadi da safe tsibirin kamar ba shi ba, yawancin shaguna a rufe, ana ganin fuskar gine-gine, yara na tafiya ba a bangaje su. Ranar aiki kuwa, tsakanin Idumota da Tinubu ko kanka ba ka ji, balle tambaya. Juma'a a bar wa masallata hanya. Watannin Yuni da Yuli ruwan sama na iya watsa shiri cikin minti goma. Kuma ka tabbatar da ranakun buɗe gidan tarihi da Freedom Park kafin ka ɗora hanyarka a kansu. Wajen zuwa, kada ka dogara da acaba, an hana shi a tsibiri tun Yunin 2022. Daga Agege jirgin ƙasa na jan layi yana kaiwa Oyingbo, sai ka ƙarasa da mota. Mai fitowa daga ɓangaren Mile 2 kuma shuɗin layi zai sauke shi a Marina. Duka da katin Cowry, wato katin sufurin Legas, ake biya, amma ka duba jadawalin ranar da za ka fita.

Akwai wurin da har yanzu nake ganin jagora ɗan adam ya fi kowace waya, wato cikin Isale Eko wajen fadar Oba, wato Sarkin Legas, Iga Idunganran, inda lunguna ke da masu su kuma gaisuwa da Yarbanci ke buɗe hanya. Can ba wurin sakin yara su yi tsere ba ne, sai da ɗan gari a gaba.

Mu bakwai muka fita ranar, ƙungiya biyu, maigida da uwargida kowa da tasa. Mun gama kafin la'asar, muka yi salla, muka biya ta Obalende muka ci tsire. A mota ɗan ƙanwata ya karɓi wayata yana duba taswira, ya ce, "Kawu, na gaba a Agege za mu yi, ni zan rubuta tambayoyin." Ya riga ya sa fadar Sarkin Hausawa a zangon farko, yanzu yana neman dattijon da zai ba shi labarin yadda fataken goro suka fara sauka a unguwar.