Labarin kundin zamani a memori: a saya, amma a duba jerin lambobi

Masu shagon caji a kasuwannin ƙauye, irin ta Dambatta ranar Lahadi ko ta Wudil ranar Juma'a, sun daɗe suna tura karatun littattafai a memori ga masu ƙaramar waya da rediyo mai cin kati. Daga cikin abin da suke turawa akwai wani dogon labarin almara da aka gina kan kundi guda, wanda mutanen wata ƙasa ta ƙage suke girmamawa fiye da sarkinsu. A cikinsa ake rubuta duk abin da ya faru, kuma wanda ya kankare layi ɗaya ya canza abin da ya riga ya wuce.

Marubucin ya san yadda ake jera tarihin sarauta. Kundin nasa yana tafiya ne sarki bayan sarki, wane ɗan wane, ya yi shekara kaza, a zamaninsa aka yi yunwa ko aka gina ganuwa, kamar yadda ake kawo na Kano tun daga Bagauda, a bi ta kan Yaji da zuwan Wangarawa, har Muhammadu Rumfa da ya yi mulki daga 1463 zuwa 1499. Shi ya sa dattijo ma kan tsaya ya kasa kunne.

Inda labarin ya fi ƙarfi shi ne dokar kankarewa. Duk kwanan da aka goge, mai gogewar zai biya shi daga kwanakin ransa, kuma sai ya kawo shaidu daga waɗanda gogewar za ta shafa. Wani yarima ya so ya shafe shekarar fari da ta cinye talakawansa. Niyya kyakkyawa ce. Sai magatakardan kundin ya kai shi wani gari da 'yan gudun yunwar suka kafa, ya nuna masa yara suna wasan langa a dandali, ya ce iyayensu a hanyar ƙaura suka haɗu, in babu farin babu su. Marubucin bai yi gaggawar raba gardamar ba, ya bar yariman ya kwana uku da wuƙar kankara a hannu. Mai sauraro da ya yi karatun allo zai tuna cewa Alƙur'ani a Suratut Tauba ya yi tir da Larabawan jahiliyya masu jinkirta watanni masu alfarma don son ransu, da kuma hadisin da ya yi gargaɗi kan cewa "da na yi kaza", domin wannan kalmar tana buɗe wa shaiɗan ƙofa. Labarin bai fito ya yi wa'azi ba, amma ta wannan hanyar ya bi.

Yana da nasa tuntuɓen. An ce ana shuka a wata na biyar na lissafin wata kowace shekara, alhali shekarar wata kwana 354 ce, tana gaza ta rana da kusan kwana 11, don haka damina ba ta zama a wata guda. An kuma girbe gero cikin kwana arba'in, abin da kowane manomi ya san yana neman wajen wata uku. Faɗan aljanu na tsakiya kuwa cika kati ne kawai.

Babbar matsalar a wajen turawa take. Yawancin masu shagon suna sa wa kashi-kashin lamba 1, 2, 3 har sama, su kuwa ƙananan wayoyi harafi-harafi suke jerawa, sai kashi na 10 da na 11 su biyo bayan na 1 kafin na 2. Wasu rediyoyin ma ba ruwansu da suna, yadda aka kwafa suke bi. A labarin da dama yake tsalle tsakanin jiya da gobe, mutum zai yi nisa bai gane an hargitsa masa ba, ya ɗauka dabarar marubuci ce. Maganin shi ne a ce wa mai turawa ya rubuta 01, 02, 03, ya zuba su a jaka ɗaya, a jere, a kan katin da aka share tukuna.

Girman kati ba abin damuwa ba ne. Fayil ɗin sauti na MP3 mai 64 kbps (ma'aunin ingancin sautin) yana cin kusan MB 29 a awa, ke nan awa talatin ba ta kai GB 1 ba, katin GB 2 ya wadatar. A guji mai arha da aka rubuta wa GB 32 ko 64, don jabu yakan nuna ya karɓa, amma da ya cika ainihin cikinsa sai fayilolin su lalace. Ƙananan wayoyi da yawa kuma ba sa karanta katin da ya wuce GB 32 ko wanda ba a tsara shi da FAT32 ba, wato tsarin ajiyar fayil da suka saba da shi.

Muryar mai karatun a fili take, sai dai kiɗan da aka sa a ƙasa yana danne ta a lasifikar waya, a rediyo ya fi daɗi. Kafin a biya, a sa katin a na'urar da za a saurara da ita, a kunna kashi na farko, da na biyu, da na ƙarshe, a gaban mai shago.